Gyaran Da'awa a Shari'ar Gona

A ƙasar Buji ta masarautar Dutse, kamar sauran ƙasar Hausa, rigimar gona takan kai mutane gaban alƙali. Ibnu Asim, mai Tuhfatul Hukkam, ya sharɗanta da'awa ta zama tabbatacciya, bayyananniya. Don haka wanda ya kuskure iyaka, ko ya manta faɗin cewa aro ne ko jingina, sai ya gyara tun ba a yanke hukunci ba, a ba abokin shari'arsa damar amsawa. Abin lura, a mazhabar Malikiyya hauzin shekara 10 yana kashe da'awar wanda yana gari, yana gani, ya yi shiru ba uzuri. Amma aro da jingina, in sun tabbata, daɗewa ba ta mai da su mallaka. Wallahu a'alamu.