Manhaja Ta Kawo Kari, Kunnenka Ya Tace

Duk mai haɗa kiɗan rawa a kwamfuta, irin su house da techno, ya san daren da ganga take zama daram, bugu 126 a minti, amma kari ya ce atafau ba zai zo ba. A irin wannan dare ne manhajojin ƙirƙiro kari suke da rana. FL Studio na da Riff Machine tun da daɗewa. Ableton Live 12, da ya fito a 2024, ya zo da nasa, akwai kuma Scaler da Captain Plugins.

Ka fara zaɓar sikelin da za ka yi aiki a kai kafin ka danna komai. Bar manhajar ta zubo maka kari ashirin, ka ɗauki ɗaya, ka goge rabin abin da ke ciki. Waɗannan manhajoji akwai surutu, ba su san shiru ma kiɗa ne ba.

Wajen bes ne aka fi yin ɓarna. Sau da yawa manhaja takan ɗora shi daidai kan dukan babbar ganga, su biyun su yi ta kokawa har sautin ya dagule. Ja shi da hannunka ya faɗa tsakanin duka da duka. Sannan ka saurara a babbar sifika, don ta waya kan haɗiye bes gaba ɗaya.

In ka kashe kwamfuta kuma ka kasa rera karin da bakinka, gobe ka sake wani.