Gwanda da Kindirmo

Wanda duk ya zaga unguwannin Kaduna na ƙetaren kogi, kamar su Kakuri da Makera da Barnawa da Sabon Tasha, zai ga itacen gwanda a bayan gidaje masu yawa. Amma sau da dama akan bar 'ya'yan su nuna a sama tsuntsaye su cinye, alhali kuwa yaran gidan suna ƙarar da kuɗi wajen sayen alewa. Wannan hasara ce babba.

Asalin gwanda daga Amurka ta Tsakiya ne, ko da yake Hausawa sukan ce da ita gwandar Masar, don su bambanta ta da gwandar daji. Cikin jan namanta akwai abin da jiki ke mayarwa bitamin A. Rashin wannan bitamin shi ke kawo wa yara dundumi, in ya tsananta har ya makantar da su. Jiki kuwa ya fi cin moriyarsa idan an haɗa shi da abu mai maiƙo. Saboda haka muke shawartar iyaye mata su riƙa haɗa gwanda da kindirmo. Ga yadda ake yi don mutum 4:

1. A zaɓi gwanda wadda bayanta ya yi rawaya, in an danna ta lotsa kaɗan.

2. A wanke hannu da wuƙa da gwandar. A fere ta, a tsaga, a kwashe irin, a yanka ƙanana ƙanana.

3. A matsa rabin lemun tsami a kai, domin shi ke kashe warinta.

4. A zuba kindirmo kofi 2 da zuma ko sukari cokali 2, a gauraya, a raba nan take.

To, lalle a kiyaye da abu uku. Na fari, kada a haɗa sai an zo sha, gama akwai wani sinadari cikin gwanda, wanda ke tausasa nama, shi kan sa nono ya yi ɗaci in sun daɗe tare. Na biyu, a tabbata an tafasa madarar da aka yi kindirmon da ita. Na uku, kada a ba jariri zuma sai ya cika shekara 1.

Irin da aka kwashe kuma kada a zubar. A shuka shi wurin da ruwa ba ya kwanciya, a bar tushe 3 ko 4, domin namijin gwanda ba ya 'ya'ya. Kamar shekara guda, in Allah ya so, sai maigida ya fara ɗiba a gidansa.