Gwaji a Nazarin Halin Mutum da Dabba

Ɗalibai, duk wanda ya ratsa gonakin Gaya da Ajingi lokacin da gero ya fara nuna zai ga mutum-mutumi tsaye da tsohuwar riga. Manoma sun ce yana korar tsuntsaye. To, yaya za mu tabbatar? Kallo kaɗai bai isa ba, domin ido kan ruɗi mai shi.

Ga misali. A birnin Balin na ƙasar Jamus an yi wani doki mai suna Hans, wanda aka ce ya iya lissafi. In an tambaye shi, sai ya buga ƙafa daidai da amsar. Wani masani, Oskar Pfungst, ya gwada shi, ya fitar da sakamako a 1907. In mai tambaya bai san amsar ba, ko aka hana dokin ganinsa, sai Hans ya kasa. Ashe ɗan motsin kan mai tambaya yake lura da shi, shi kuwa mutumin bai ma san yana motsin ba.

Sirrin gwaji ke nan: a sauya abu ɗaya tak, a bar sauran yadda suke, sa'an nan a kwatanta. Ko a Littafin Daniyel, sura ta 1, kwana 10 aka gwada samari huɗu da ganyaye da ruwa, aka kwatanta su da masu cin abincin sarki.

Mu koma gona. A sami gonaki shida masu iri ɗaya, nesa da juna. A jefa ƙuri'a, uku a kafa musu mutum-mutumi, uku a bar su haka. Ƙuri'ar ce ke hana son zuciya. Kowace safiya a duba zangarniya 50 a kowace gona, a rubuta nawa tsuntsu ya taɓa. A yi mako uku, domin dabba kan saba da abin tsoron da bai taɓa cutar da ita ba. Mai ƙidayar kwana biyu zai iya ɓatar da manomi, hatsin gida ya tafi.

Kada a wahalar da dabba, kada kuma a gwada mutum sai da yardarsa. Ga aikin hutu: ku nemi izinin iyayenku, ku gwada, ku kawo lissafinku aji.