Me Ya Sa Mawaƙi Yake Sauya Jigo?

Tambaya: Wani mai karatu daga unguwar Sabangali a Njamena, ƙasar Cadi, yana tambaya: me ya sa Alhaji Aƙilu Aliyu ya yi waƙoƙin siyasa, daga baya kuma ya koma kan ilimi da harshe? Ko ya sauya ra'ayi ne?

Amsa: Madalla da wannan tambaya, ɗana. Jigo shi ne saƙon da waƙa ta ɗauko, kuma yakan bi halin da jama'a suke ciki.

An haifi Aƙilu Aliyu a Jega a 1918. Ya yi karatun allo da na littattafai, neman ilimi ya kai shi Kano, sannan Borno, maƙwabciyarku. Daga wannan karatu ya sami ma'aunin waƙa da amsa-amo, wato sautin da baitoci ke ƙarewa da shi.

Da aka kafa jam'iyyar NEPU a Kano a 1950, sai ya ba ta alƙalaminsa, domin a lokacin kukan talakawa shi ne zalunci. Da yaƙin basasar Nijeriya ya ɓarke a 1967, ya yi "Jiki Magayi" don ƙarfafa wa sojoji gwiwa. Da ƙura ta lafa, hankalinsa ya fi karkata ga gyaran al'umma. "Kadaura Babbar Inuwa" kira ce ga neman ilimi, "'Yar Gagara" gargaɗi ce kan karuwanci, "Hausa Mai Ban Haushi" kuwa tsawatarwa ce ga masu gurɓata harshensu. Ɗalhatu Muhammad ya tattara wasu waƙoƙinsa a littafin Fasaha Aƙiliya.

Ba a ƙasar Hausa kaɗai ake ganin haka ba. Pablo Neruda na ƙasar Chile, mai rubutu da Sifaniyanci, ya yi suna da waƙoƙin soyayya a 1924, amma yaƙin basasar Sifaniya na 1936 ya juya shi zuwa siyasa.

Saboda haka sauya jigo ba ya nufin sauya aƙida. Har ya rasu a 1999, Aƙilu malami ne mai gargaɗi, gwanin sarrafa Hausa. Idan kana son gane shi sosai, ka karanta kowace waƙa tare da tarihin lokacin da aka yi ta. Allah ya ƙara basira.