Kwana goma ba su jiran kasuwa

Ɗana, na ji an yanke wa ƙanenka hukunci a kotun Gure a kan faɗan nan na bakin gona, kuma gida ya cika da shawara: wannan ya ce a je fada, wancan ya ce a bari zuciya ta huce. Zauna in gaya maka abin da idona ya gani.

Shekarun baya wani maƙwabcina ya shiga irin wannan. Shanu suka shiga masa gero, aka yi hannu, alƙali ya ɗora masa tara da diyya. Bai yarda ba, kuma a ganina yana da abin faɗa. Sai ya ce bari ya kai bijimi kasuwar Subdu ya sami kuɗin lauya tukuna. Kasuwar farko farashi bai yi masa ba, ya jira ta biyu. Ranar da ya je ɗaukaka ƙara sati biyu sun wuce. Ba wanda ya tambaye shi shanun wa suka ci geron wa. Kwanan wata kawai aka duba, aka ce ƙararsa ba ta karɓuwa. Ihu bayan hari ke nan.

A shari'ar laifi irin wannan, dokar Nijar kwana 10 ta ba mutum, kuma in yana tsaye gaban alƙali aka karanta hukuncin, daga nan lissafi ya fara. Zaman sulhu gaban dattawa abu ne mai kyau, ni ma na sha zama cikinsa, amma ba ya tsayar da kwanakin. Girbi ma haka, rashin kuɗin mota ma haka.

Abin da ya fi ba ni takaici, mutane suna zaton sai sun yi tafiyar sama da kilomita 160 zuwa Damagaram, inda kotun ɗaukaka ƙara take. A'a. Wurin magatakardan kotun da ta yanke hukuncin ake zuwa, a nan Gure, mutum ya ce bai yarda ba, a rubuta, ya sa hannu ko ya dangwala. Wanda ke tsare kuwa, wurin shugaban gidan kaso yake faɗa. Neman lauya da shirya hujja duk suna iya biyo baya. Talaka kuma yana da hukumar ANAJJ, wadda aka kafa don taimakon marasa hali a harkar shari'a.

Gado, gona da bashi, kowanne da nasa wa'adin, kada ka auna su da mudu ɗaya. Ko 'yan kasuwar da ke kai ƙara kotun OHADA ta Abijan wata 2 gare su daga ranar da aka miƙa musu takardar hukunci. Shi ya sa in ɗan aiken kotu ya kawo takarda, ba a cusa ta ƙarƙashin katifa. A sa mai karatu ya karanta ta a ranar, a riƙe kwanan watan.

Kada ka ga wa'adin nan kamar tsauri ne kawai. Wanda ya yi nasara shi ma ɗan wani ne, yana so ya san ranar da magana ta mutu ya kwanta da ido biyu rufe.

Yau kwana 4 da hukuncin. Gobe da safe, kafin ka buɗe shago, ka kama hannun ƙanenka ku je wurin magatakarda, kuma kada ku fito sai da takardar shaida mai kwanan wata. Allah ya yi muku albarka.