Ɗan Uwan Shuwaka da Ke Kwana Cikin Ƙanƙara

'Yan uwa ɗalibai, musamman 'yan SLT da 'yan sashen noma, tambayar nan ta yadda tsiro ke sabawa da muhallinsa ba ta cika ɓacewa a jarrabawa ba. Yawancinmu kuwa da mun gan ta, sai mu rubuta ƙayar daji da ganyen kaba, shi ke nan. To ga wani misali da zai sa amsarka ta fita daban.

Sunansa Dendrosenecio. Yana fitowa ne a kan manyan duwatsun Gabashin Afirka, irin su Kilimanjaro a Tanzaniya, Dutsen Kenya, Ruwenzori da Elgon, galibi sama da mita 3,000. Danginsa su ne Asteraceae, wato gida ɗaya da shuwakar da muke miya da ita, da latas. Alamar gidan ita ce abin da kake gani kamar fure ɗaya, a zahiri ƙananan furanni ne masu yawa da suka taru a kai guda.

Matsalarsa ita ce a can sama rana na ƙuna da tsakar rana, da dare kuma ruwa ya daskare. Ya yake yi? Ka riƙe abubuwa uku.

Na ɗaya, busassun ganyensa ba sa faɗuwa. Suna manne a jikin kara su zama masa bargo.

Na biyu, da yamma ganyen saman kan lanƙwaso ciki su rufe tohon da ke tsakiya, da safe su buɗe.

Na uku, tsakiyar karansa na ajiye ruwa. Da sassafe ƙasa tana daskare, saiwa ba ta iya jan komai, sai ganye su sha daga wannan ajiyar.

Ka lura yadda na ɗaya da na uku suka haɗu. Idan aka yage busassun ganyen don hura wuta, ko gobara ta cinye su, sanyi zai iya daskarar da ruwan cikin kara, tsiron ya mutu. Ga shi kuma girmansa a hankali yake, don haka wanda aka rasa ba ya dawowa da wuri.

In kana son ƙarin maki, ambaci Espeletia na duwatsun Andis a Kudancin Amurka. Nahiya daban, amma sanyi iri ɗaya ya ba shi siffa kusan iri ɗaya. Allah ya ba mu sa'a.