Lissafin Bashin Gida

Edita ya nemi in kawo darasin lissafi wanda zai amfani mutum bayan ya bar kwaleji. Na zaɓi bashin gida, domin ba malamin da zai yi shekara biyar cikin aiki bai soma tunanin inda zai sa iyalinsa ba. Daga Nguru har Gashuwa, in aka ta da zancen rancen gini, tambaya ɗaya a ke yi: nawa za a riƙa cire mini a wata? Akwai ta biyu wadda ta fi ta nauyi, watau nawa zan biya gaba ɗaya kafin gidan ya zama nawa? Ku ɗauko takarda da fensir mu bi su tare.

Jingina ba baƙuwarmu ba ce. Manomi ya kan jinginar da gonarsa, ya karɓi kuɗi, mai kuɗin ya yi ta noma ta har ran da aka mayar masa da abinsa. Jinginar banki ta sha bamban. Kai ne za ka shiga gidan ka zauna, banki kuwa ya riƙe takardar mallaka, ka riƙa biyansa wata wata. In ka gama a ba ka takardarka. In ka kasa, doka ta ba shi ikon sayar da gidan ya cire haƙƙinsa.

A ƙasar nan babban mai wannan aiki shi ne Bankin Jinginar Gidaje na Tarayya, wanda a ke taƙaita sunansa FMBN. Asalinsa wata ƙungiyar rancen gini ce da aka kafa a 1956, aka mai da ita banki a 1977. A 1992 aka yi dokar Asusun Gidaje na Ƙasa, wadda ta ce a riƙa cire biyu da rabi bisa ɗari na albashin ma'aikaci ana zubawa a asusun. Ko wane malami ya duba takardar albashinsa. In ya ga haruffan NHF, to, kuɗin ke nan. Wanda ya yi aƙalla wata 6 yana zubi yana iya neman rance, ruwansa shida bisa ɗari a shekara, ana iya ba shi har shekara 30 ya biya. Da wannan za mu yi misali.

A ce wani malami ya ranci ₦5,000,000, zai biya cikin shekara 30, watau wata 360. Shida bisa ɗari a shekara, in aka raba gida 12, ya zama rabin ɗaya bisa ɗari a wata, watau ko wace ₦200 tana jawo ₦1. Saboda haka ruwan watan fari ₦25,000 ne. Abin da banki zai ce ya riƙa biya ko wane wata kuwa ₦29,978 ne.

Ina aka samo wannan adadi? Ba duba aka yi ba. Naira ɗaya, in aka bar ta tana haihuwar rabin ɗaya bisa ɗari ko wane wata, ruwan kuma yana haihuwar nasa ruwan, bayan wata 360 za ta zama naira 6.0226. Ashe da malamin nan zai ƙi biyan ko kwabo, da bashinsa ya kai wajen ₦30,113,000. To, ta ɗaya gefen kuma, wanda ya ke zuba naira ɗaya ko wane wata bisa wannan ƙa'ida, a ƙarshe zai tara naira 1,004.5. Sai mu tambaya, zubin nawa ne a wata zai tara abin da zai kashe wancan bashi? Raba 30,113,000 da 1,004.5, za ka sami 29,978. 'Yan ajin ƙarshe su gwada da na'urar lissafi ta wayarsu, su ninka 1.005 da kansa sau 360, su gani da idonsu.

Yanzu mu zo wurin da na ke so a natsu. A watan fari malam ya ba da ₦29,978. Banki ya fara ɗebe ruwansa, ₦25,000. Abin da ya taɓa uwar kuɗi ₦4,978 ne kurum. Saura bashi ₦4,995,022. A wata na biyu ruwa ya zama ₦24,975, uwar kuɗi ta ragu da ₦5,003. Kun ga abin da ke faruwa: biyan wata bai sake ba, amma rabon cikinsa yana sakewa kaɗan kaɗan, na ruwa yana raguwa, na uwa yana ƙaruwa. Sai dai tafiyar ta hawainiya ce. Bayan shekara 10 cur, malam ya zuba wajen ₦3,597,000, amma in ya je ya tambayi sauran bashinsa za a ce masa ₦4,184,000. Watau cikin abin da ya biya, ₦816,000 kaɗai suka rage bashi. A nan ne mutane kan fusata, su ce an cuce su. Ba kuskuren akawu ba ne, haka lissafin ya ke tun ran da aka sa hannu. Sai an yi shekara 18 da rabi kafin rabon uwa ya fi na ruwa cikin biyan wata, sai kuma shekara ta 21 bashin zai sauko rabi. Sauran rabin ya kan narke da sauri cikin shekara 9 na ƙarshe.

Jimla fa? Ninka 29,978 sau 360, ka sami wajen ₦10,792,000. Ya ranci miliyan biyar, ya mayar da miliyan goma da dubu ɗari bakwai da casa'in da biyu. Kuɗin gida biyu ya biya, da 'yan kai.

Ga yadda abin ya ke in an rage shekaru, rance da ruwa suna nan yadda su ke:

Shekara 30: ₦29,978 a wata, jimla wajen ₦10,792,000
Shekara 20: ₦35,822 a wata, jimla wajen ₦8,597,000
Shekara 15: ₦42,193 a wata, jimla wajen ₦7,595,000
Shekara 10: ₦55,510 a wata, jimla wajen ₦6,661,000

Ku dubi layi biyu na sama. Bambancinsu a wata bai kai ₦6,000 ba, amma a jimla ya haura miliyan biyu. Haka kuma wanda ya karɓa a kan shekara 30, in ya iya ɗora ₦5,000 bisa biyansa ko wane wata, zai gama cikin shekara 21, ya tsira da kusan miliyan biyu. Dalili kuwa, ƙarin nan ba ya bi ta hannun ruwa, kai tsaye ya ke faɗawa kan uwar kuɗi. Amma a tambaya tun da fari, a kuma gani a rubuce, cewa an yarda a biya da wuri ba tare da tara ba.

To, me ya hana kowa zaɓen shekara 10? Albashi. Ƙa'idar bankin ita ce biyan wata kada ya wuce sulusin abin da mutum ke samu. Mai biyan ₦29,978 lalle albashinsa ya kai ₦90,000. Wanda ke kan mafi ƙanƙantar albashi da aka tsayar a 2024, watau ₦70,000, sulusinsa ₦23,333 ne, abin da zai ja masa kuwa bai wuce ₦3,900,000 ba ko da an ba shi shekara 30. Shekarun mutum ma suna cikin lissafi, gama ana so ya gama biya kafin ya bar aiki. Mai albashin ₦90,000 wanda saura shekara 15 ya yi ritaya, rancensa ba zai wuce wajen ₦3,550,000 ba. A nan ku ɗalibai kun fi mu malamanku gata.

Wannan duka a kan shida bisa ɗari ne. Bankunan kasuwa ba su san wannan farashi ba. A ƙarshen 2024 ma'aunin ruwa na Babban Bankin Nijeriya kansa ya kai 27.5 bisa ɗari. Mu sassauta, mu ɗauki 24 don misali, watau biyu bisa ɗari a wata. Ruwan watan fari kaɗai na miliyan biyar ₦100,000 ne. A shekara 10, biyan wata ₦110,240, jimla wajen ₦13,229,000. In mutum ya ce a ƙara masa lokaci zuwa shekara 20 don ya sami sauƙi, biyan wata zai sauko zuwa ₦100,870, jimla kuwa ta haura miliyan 24. Ya sami rangwamen da bai kai ₦10,000 ba, ya ɗora wa kansa miliyan 11. In ruwa ya yi yawa, tsawon lokaci ba ya kawo sauƙi. A ganina, da muguwar rawa gwamma ƙin tashi.

Akwai wani tarko da ya kamata ku sani, don ya fi kusa da mu. Waɗansu masu ba da rance su ma su kan ce shida bisa ɗari, amma a kan uwar kuɗi ta ran fari su ke lissafa shi har ƙarshe, kamar ba a taɓa biyan kome ba. Miliyan biyar a shekara 10 ta wannan hanya: ruwa ₦300,000 ko wace shekara, sau 10, miliyan uku ke nan. Jimla ₦8,000,000, a wata ₦66,667. Ku gwama da layin ƙarshe na jerin can: ₦55,510 da ₦6,661,000. Suna ɗaya, shida bisa ɗari, amma tsakaninsu akwai fiye da ₦1,300,000. Duk wanda ya gaya maka adadin ruwa, tambaye shi: bisa sauran bashi, ko bisa na fari?

Ba kuma biyan wata ne kaɗai kuɗin da ke fita ba. Banki ba ya karɓar takardar cinikin da aka yi gaban mai unguwa, ko da shaidu goma sun sa hannu. Takardar shaidar mallaka ya ke so, wadda gwamnatin jiha ke bayarwa, kuma bisa dokar ƙasa ta 1978 sai da yardar Gwamna a ke jinginar da fili na cikin gari. Ke nan akwai kuɗin safiyo, da na lauya, da na mai ƙiyasta darajar gida, da kuɗin hatimi, da zirga-zirgar Damaturu, wadda mutumin Nguru ya san ba nan kusa ba ce. Akwai la'adar dillali. Sau da yawa kuma a kan nemi mutum ya fara ajiye wani kashi na kuɗin gidan daga aljihunsa, kafin alƙalami. A rubuta su duka a tara da jimlar can.

Sa'an nan inshora. Mutanen Gashuwa ba su manta da ambaliyar 2022 ba, sa'ad da kogin Yobe ya cika ya shiga unguwanni. A Nguru ma fadama tana kusa da gari. In ruwa ya ci gida, bai ci bashin ba. Ranar biya tana zuwa kamar kullum. Don haka kafin a ɗauki bashin shekara 30 a kan fuloti, a je a gan shi a watan Agusta ko Satumba, ba da rani ba, a tambayi tsofaffin unguwa inda ruwa ya taɓa kaiwa. A kuma sa a karanta takardar inshora a ji ko ambaliya tana ciki, ko gobara kaɗai aka ambata.

Adalci ya sa in faɗi abin da ke gefen mai karɓar rance. Naira ta bana ba ita ce ta baɗi ba. Mafi ƙanƙantar albashi ₦18,000 ne a 2011, ya zama ₦30,000 a 2019, ya zama ₦70,000 a 2024. Biyan ₦29,978 da zai cinye albashin ƙaramin ma'aikaci ɗungum a 2019, a 2024 bai kai rabinsa ba. Hauhawar farashi ta kai 34.8 bisa ɗari a Disamban 2024, haya tana tashi, siminti yana tashi, amma biyan wata na rancen da aka tsayar wa ruwa yana nan inda ya ke. Saboda haka miliyan goman nan ba ta kai nauyin da ta ke nunawa a takarda ba. Mai gini da kansa, bana bulo, baɗi linta, wata shekara kwano, shi ma yana biyan wani abu: hayar da ya ke ci gaba da bayarwa, da tsadar kayan da bai riga ya saya ba. Sai dai shi ba wanda zai zo ya fitar da shi daga kangonsa.

Na san da yawa daga cikinku tun ɗazu ku ke cewa, Malam, ai wannan ruwan riba ne. Haka ne, Musulunci ya haramta riba, hukuncin ko wace yarjejeniya kuwa wurin malaman fiƙihu za a nemo shi, ba wurin malamin lissafi ba. Akwai bankunan da ba su aiki da ruwa. Na farkonsu a ƙasar nan, Jaiz, ya buɗe a 2012. Irinsu su kan sayi gidan su sayar maka da riba sananniya wadda ba ta ƙaruwa, shi ne murabaha. Ko kuwa ku yi tarayya cikin gidan, kana biyan hayar rabonsu kana kuma sayen rabon nan sannu sannu har ya ƙare. Hanyar ta sake, amma fensir bai huta ba. In an ce an sayi gida miliyan biyar, za a sayar maka miliyan takwas a shekara 10, raba da 120, ₦66,667 ke nan a wata. Halaccin ciniki dabam, arahar sa dabam, ko wanne sai an bincika.

Ga aiki ga 'yan aji biyu da uku. Wata malama ta ranci ₦3,000,000 bisa shida bisa ɗari a shekara, za ta biya cikin shekara 20. Ku fitar da ruwan watan fari, da biyan wata, da sauran bashi bayan wata uku, da jimlar abin da za ta biya, da mafi ƙanƙantar albashin da zai sa a ba ta. Ba sai kun ninka kome sau 240 ba. Layi na biyu na jerin can ya isa, in kun tuna miliyan uku kashi nawa ce cikin biyar. A kai amsoshi ofishin Edita kafin hutu, a nuna aiki, ba amsa tsirara ba.